Wasan da Muka Ƙi Sa wa Alƙali

Filin tanis ɗinmu na Funtua siminti ne zalla, tun na zamanin Turawan da suka zo aikin auduga. Su suka zuba shi, suka tafi suka bar mana shi da tsagewarsa da komai. Da kaka, daga hantsi zuwa la'asar filin ba namu ba ne. Maƙwabta ke shanya a kai, masara da waken suya, wani lokaci har barkono, wanda in an kwashe sai ka yi wasa kana atishawa kamar mai mura. Mai gadi, wani dattijo marar son hayaniya, ba ya iya hana su. Mu ma ba mu da bakin hanawa, don rabinmu namu amfanin gonar ma a nan yake shan rana. In an idar da la'asar sai a kwashe, mu ɗauki tsintsiya mu share, mu ɗaura raga. Duk sharar da za ka yi, farin garin masarar nan ba ya fita duka. Kwanciya yake yi a kan simintin, har in ƙwallo ta dira sai ta bar tabo, ka gan shi sarai.

Wanda ya fara sa min raket, wato abin buga ƙwallon tanis, a hannu aminina ne, malamin makarantar sakandare, ɗan Malumfashi da aiki ya kawo shi garinmu. Ya girme ni da shekara biyar. Ni a lokacin malamin gona ne, ina yawo ƙauyuka a kan babur ina gaya wa mutanen da suka fi ni sanin ƙasa yadda za su zuba taki. Ɗaki ɗaya muka yi haya kafin kowa ya yi aure. Da aurena ya zo, shi ne babban abokin ango, shi ya sha wahalar 'yan matan amarya. Ina kiransa Malam, shi kuma mutumina yake ce min, ko a gaban surukaina ne.

A filinmu ba a sa alƙali. Kowa shi ke faɗin abin da ya faru a ɓangarensa. In ƙwallon abokin wasanka ta fita, ka ce "waje". In ta taɓa layi, ko da gefenta ne, tana ciki, sai ka yi shiru ka ba shi makinsa. In kuma kana shakka, nan ma nasa ne. Malam ne ya koya min wannan tun kafin in iya riƙe raket daidai, kuma na sha ganin ya yanke wa kansa hukunci a wurin da babu wanda zai gane in ya yi shiru. Shekara takwas muna wasa a haka, ban taɓa tsallaka raga don duba tabon da ya ce waje ne ba. Tsallakawar ma abin kunya ce a wurinmu, daidai take da ka ce wa mutum maƙaryaci a gaban jama'a.

Wata shekara, ana tsakiyar girbi, takarda ta zo. Za a yi gasar ƙwararru ta maza a Abuja, a kan filin siminti irin namu, har da 'yan wasa daga ƙasashen waje. Masu shiryawa sun ba yankinmu gurbi ɗaya tak a wasannin share fage, mu fitar da gwaninmu mu tura. Ina da shekara ashirin da takwas, kuma ban taɓa jin ƙarfin jikina kamar wannan shekarar ba. Ba zan ɓoye ba, na so gurbin nan fiye da yadda na taɓa son wani abu. Ba wai na ɗauka zan ci gasar ba ne, ina da hankalina. So nake sau ɗaya a rayuwata in tsaya a filin da ba a shanya masara a kai ba, in ga sunana a jerin waɗanda suka buga, in san iyakar abin da na iya.

Aka yi kwana huɗu ana fafatawa. Mutanen Malumfashi suka zo, na Bakori suka zo, aka yi ta zubar da juna, har aka wayi gari saura mu biyu, ni da Malam.

Shugaban kulob ɗinmu wani Alhaji ne mai fataucin hatsi, wanda ya daina wasa tun da tumbi ya hana shi ganin takalminsa, amma ya san mutane. Ana gobe wasan ƙarshe ya kira mu gefe.

"Wannan ba wasan yamma ba ne," in ji shi. "Akwai wani a Zariya da ya iya alƙalanci. In kun yarda in aika masa, gobe ya hau kujera."

Malam ya dube ni yana murmushi. Ni ne na yi saurin magana, kuma har yau in na tuna sai in ji kamar in mari kaina.

"Haba Alhaji! Ni da Malam ne za a kawo wa baƙo ya raba? Ai sai garin nan ya ce mun ɓata. Mutumin da muka ci tuwo a kwano ɗaya?"

"Gaya masa dai, mutumina," in ji Malam. "Wannan ai cin fuska ne."

Alhaji ya ɗaga kafaɗa ya ce to, Allah ya ba mai rabo sa'a.

Washegari aka kwashe shanya da wuri saboda mu. Mutane sun taru fiye da yadda muka saba, har da masu masarar, suna zaune a kan buhunansu suna kallon abin da ba su san kansa ba. Na ci zagayen farko, ya ci na biyu. A na uku na ga numfashinsa ya fara nauyi, ni kuwa kamar yanzu na fara. Muka yi ta ja har ya rage min maki ɗaya in gama wasan. Ya yi sabis, wato bugun farko, na mayar, ya taso gaban raga da gudu. Na ga gefen hagunsa a buɗe, na zabga ƙwallon ta bi ta gefensa ta dira can ƙarshen fili. Na ga farin gari ya ɗan tashi a kan layin. Har na fara ɗaga hannu.

"Waje!"

Na tsaya. Daga inda nake ina hango tabon, rabinsa a kan layi, rabinsa a baya. Malam ya juya ya taka a hankali kamar mai zuwa ɗauko ƙwallo. Da ya iso wurin sai ya ɗora ƙafar damansa a kai, ya ɗan murza, ya wuce. Bai waigo ba.

'Yan kulob biyu ko uku da ke zaune ta wannan kusurwar suka sunkuyar da kai. Alhaji ya miƙe daga kujerarsa ya dube ni.

"Malam ƙarami, ka yarda?"

Me zan ce? In na ce ban yarda ba, na ƙaryata aminina a gaban mutanen gari uku, ni da na ce jiya kawo alƙali abin kunya ne. Na ji kaina ina cewa, "Ai ɓangarensa ne, Alhaji. Abin da ya faɗa shi ne."

Daga nan ban sake buga abin kirki ba. Idona yana kan ƙafarsa maimakon ƙwallo. Cikin minti goma sha biyar ya gama da ni. Da muka haɗu a raga ya rungume ni, rigarsa sharkaf da gumi, ya ce, "Ka wahalar da ni, mutumina." Na ce masa barka.

Ina ɗaure jaka a bayan babur mai gadi ya matso, yana naɗe raga.

"Malam ƙarami, ni dai ban san dokar wasanku ba," in ji shi a hankali. "Amma na ga ƙafa ta yi shara."

Na ce masa ya bar maganar. Ya ce shi ma bai ce komai ba.

Abin da ya fi ƙona min rai ya zo bayan kwana shida. Malam ya zo gidana ya ce raket ɗinsa ta tsufa, ko zan ara masa tawa ya tafi da ita. Na shiga ɗaki na ɗauko na ba shi. Ni na kai shi tashar mota a kan babur ɗina, jakarsa a kan tanki. Duk hanyar nan ina jira ya ce wani abu, ko da a kaikaice ne. Hirar farashin taki ya yi min har muka isa.

Ranar wasansa ina wani ƙauye kusa da Mahuta, na hau kan tudun da ake samun sabis ɗin waya ina ta latsa ta. Can sai ga sakamakon ya fito. An fitar da shi a wasan farko, ko awa ɗaya ba a yi ba. Na ji daɗi, wallahi na ji daɗi, har na yi dariya ni kaɗai a kan tudun. Kafin in sauko daɗin ya koma baƙin ciki. Watakila ni ma haka za a yi min, ko fiye. Amma da ni aka yi wa, da na san nawa ne. Shekarar da ta biyo baya ba a ba yankinmu gurbi ba, ta gaba ma haka. Daga nan gwiwata ta fara ciwo, 'ya'ya suka ƙaru, maganar ta wuce.

Ba mu ɓata ba, wannan shi ne abin. Ya dawo min da raket da tsarabar turare. Na je sunan 'ya'yansa, ya zo na nawa. Da mahaifina ya rasu, shi ya kwana uku yana karɓar gaisuwa tare da ni a ƙofar gida. Abu ɗaya ne ya canja: ban sake tsayawa gabansa a fili ba. In za a yi wasa sai dai na bibbiyu, kuma in tabbatar muna gefe ɗaya. Mutane suka ɗauka tsabar aminci ne. Shi ya san dalili, bai taɓa tambaya ba.

Shekara tara bayan haka Allah ya kira shi aikin Hajji. Kowa ya san yadda maniyyaci ke yi kafin ya tashi, yana bin 'yan uwa da abokai gida-gida yana neman a yafe masa. Tun da na ji ya fara zagaye na kasa sukuni. Na ce a raina yau kam ranar ta zo. Mutumin da zai je ya tsaya a Arfa ba zai tafi da wannan a cikinsa ba. Har na shirya abin da zan ce masa. Zan yi dariya in ce ai na daɗe da sani, in tsokane shi kaɗan, mu rungumi juna, a wuce wurin. Na rantse da Allah a shirye nake in yafe tun daga ƙasan zuciyata. Abin da nake buƙata kawai ya faɗa da bakinsa.

Ya zo da la'asar sakaliya. Muka zauna a kan tabarma a zaure, aka kawo ruwa. Bayan gaisuwa ya gyara zama, ya kama hannuna da hannu biyu.

"Mutumina, tafiya ta matso. In na taɓa yi maka wani laifi, da saninsa ko da rashin sani, don Allah ka yafe min."

Na jira ya ci gaba. Kalmomin da zai iya faɗa wa kowane mai shago a unguwarsu, su ya kawo min, ko ɗaya bai ƙara ba.

"Malam," na ce, "akwai wani abu takamaimai da kake tunawa?"

Ya dube ni cikin ido, daƙiƙa ɗaya ko biyu, sannan ya mayar da kallonsa kan tabarma. A wannan ɗan lokacin na tabbatar bai manta ba. Da ya manta ma da ya fi min sauƙi.

"Haba mutumina," in ji shi yana 'yar dariya. "Zaman tare na shekara da shekaru, ai ba a rasa ɗan abin da ba a rasa ba."

Amsar da ake bayarwa a irin wannan wuri ɗaya ce, kowa ya haddace ta tun yana yaro. Ba a mayar da maniyyaci da nauyi a ka. Na buɗe baki na ba shi ita.

"Ba ka yi min komai ba, Malam. Na yafe. Allah ya yafe mana baki ɗaya."

Ya sauke ajiyar zuciya, fuskarsa ta washe. Ya tambaye ni tsarabar da nake so, hula ko carbi. Na ce addu'a ta isa. Na raka shi har bakin titi, na tsaya har ya sami keke mai ƙafa uku ya hau, yana ɗaga min hannu.

Da na shiga cikin gida matata tana tankaɗe a tsakar gida. Ita kaɗai na taɓa ba labarin, tun a shekarar da abin ya faru. Ta ɗago ta dube ni.

"Ya faɗa?"

Na girgiza kai.

"To ka yafe masa?"

"Na ce masa na yafe."

Ta mayar da kanta ƙasa, ta ci gaba da tankaɗenta. Na shige ɗaki na zauna a bakin gado. Shi ya tafi Makka da zuciya sakayau, da shaidar bakina cewa bai yi min komai ba. Ni kuwa har aka kira magariba ina zaune a wurin, ina neman yafiyar nan da na ce na yi, ban same ta ba.