Ramar da Kuka Yi Ta Yabawa

Salamu alaikum. Wata tara ke nan ban ce uffan a shafin nan ba. Yau na zo da albishir, na kuma zo da neman gafara.

Shekara shida na yi ina buga ƙwallon Amurka, wadda ake sa hular kwano. Aikina in tsaya a layin gaba in tare ƙarti kada su kai ga mai jefa ƙwallo. A wannan aiki ƙiba ce jari. In na rage kilo biyu sai koci ya kira ni ofis, don haka ci nake ko ba yunwa.

Da gwiwa ta sa na yi ritaya a 2013, sai na fara ramewa. Ban damu ba, duk abokan layina haka suke yi in sun bar wasa. Bambancin kawai, su suna motsa jiki, ni kuwa ina zaune a Alexandria ta nan Amurka ina cin tuwo malmala uku.

Na riƙa sa hotuna, kuna ta yabo. Daɗi ya kwashe ni. Zufar da ke jiƙa mini zanin gado da ƙaiƙayin jiki kuwa ban faɗa wa kowa ba. A filin wasa mun saba: wanda ya ce yana ciwo, wani ne zai gaje wurinsa.

Mahaifiyata ce kaɗai ba ta yaba ba. Ranar da na je gaishe ta a Fort Washington, ta ƙare mini kallo ta ce, "Auwalu, wannan ramar ba ta lafiya ba ce."

Na ce, "Hajiya, a Amurka kuɗi ake biya a rame."

Ta ce, "Ni na haife ka. Gobe za ka asibiti, ko in ɗauki mayafina in kai ka."

Likita ta taɓa wuyana, ta ji kaluluwa. Aka ɗebi jini, aka yi hoto, aka yanki ɗan nama. Bayan kwana biyar ta ce, "Kansa ce, amma irin wadda ke jin magani. Da ka ƙara wata shida, da maganar ta canza."

Wallahi na ji tsoro. Ni da ƙarti ba sa kayarwa, sai da na dafa bango.

Wata shida ana ɗura mini maganin kansa da ake kira kimo, duk bayan mako biyu. Gashi ya zube, abinci ya koma kamar ƙarfe a baki. Inshora ta ɗauki mafi yawan kuɗin, sauran na sayar da mota ɗaya na biya. Hajiya ba ta taɓa fashin zuwa ba, da carbinta da kunun gyaɗa a fulas.

Jiya aka sake hoto. Likita ta ce babu komai. Alhamdulillahi! Na yi kuka, ban ji kunya ba.

Na gode wa Allah, da Hajiya, da ma'aikatan jinya, da duk wanda ya yi mini addu'a.

Shawarata: in kana ramewa ba dalili, je asibiti. In likita ya tambaye ka, faɗi gaskiya duka.

Sai neman gafarar. Mutum goma sha ɗaya a cikinku sun roƙe ni sirrin ramata, na zauna na ƙirƙiro musu tsarin abinci da ban taɓa bi ba. Don Allah ku yar da shi, ku yafe mini. Ba ni da wani sirri. Ciwo ne yake cina, ni kuma ina karɓar yabo.