Fim ɗin Kaka a gonar shinkafa

A shekarata ta ƙarshe a jami'a na zaɓi in rubuta kundina a kan ƙanen kakana, wani tsoho da ke zaune a Wurno, wanda shi ma Kaka muke ce masa. A ƙuruciyarsa yana cikin masu yawo da motar majigi ƙauye-ƙauye. Daga baya ya ari kyamara ya ɗauki fim nasa na kansa: manoman albasa a Kagara, da Fulani suna ƙetarar da shanu gulbi wajen Tursa. Na bi littattafan tarihin fim na ƙasar nan ɗaya bayan ɗaya, har jerin sunayen da ke bayansu. Babu shi.

Malamin da ke duba aikina ya ce labarin baka bai isa ba. Ko in kawo fim ɗin kafin ƙarshen wata, ko in sake batu.

Na iske Kaka a zaure, idanunsa sun daɗe da mutuwa.

"Shina nan cikin gwangwaninai, ƙarƙashin gado," in ji shi. "Ba wanda yat taɓa shi."

Na jawo gwangwanin na buɗe. Daddawa ce a ciki.

Matar kawuna ta ce, "Gwangwanin munka ɗauka, murhin nai na da kyau. Zaren fim ɗin kau kawunka yat tahi da shi fadama."

"Shi yi mi da shi, Inna?"

"Korar tsuntsaye mana. Zaren kaset ya yi wuya yanzu."

Na nufi fadama. Tun daga nesa na hango zaren. An ja shi daga kara zuwa kara a kan shinkafa, yana ƙyalli, iska na kaɗa shi. Sati uku ke nan rana na dukansa, raɓa na jiƙa shi.

"Ɗan boko, mi kaka nema?" in ji Kawu. "Wanga ya hi kaset aiki, wallahi. Jan-baki ko sauka ba su yi."

Na shiga cikin taɓo da takalmina, ina ɗaga zaren sama ina dubawa taƙi-taƙi. Duk ya koɗe ya zama fari. Sai a cikin ƙulli, inda aka ɗaure shi jikin kara, hoto ya tsira. Na kwance kowane ƙulli da farce. Har la'asar ƴan guntaye tara na samu: ƙahon saniya, ruwa, rabin malafar wani makiyayi. Babu inda sunansa ya fito.

Na sa su a tafin hannun Kaka. Ya shafa gefensu da babban yatsa har ya tsaya a kan wata ƴar tsaga.

"Ni niy yi ta da reza, don in san inda shanu sunka shiga ruwa." Ya miƙo ɗayan hannun. "Ina sauran?"

Na ce masa yana makaranta, ana dubawa.

Malamina ya ɗaga guntayen wajen taga, ya daɗe yana kallo, ya ce kowa na iya ɗaukar hoton ƙahon saniya. Na sake batu. Guntayen suna cikin ambulan a akwatina, na rubuta wa kowanne lamba da ranar da na kwance shi.