Sammaci a Cikin Gafaka

Ni ce 'yar fari a gidanmu, don haka Baba bai taɓa kiran sunana ba. In yana son ruwa ina tsaye kusa da randa, sai ya dubi bango ya ce, "Babu kowa ne a gidan nan?" Kunyar da ya gada ke nan daga rugar kakanninsa, ya shigo da ita cikin Haɗeja. Ban taɓa jin ciwonta ba sai shekarar da kogi ya ƙi cika.

Sana'arsa sayar da zaren koma. Yakan karɓo diloli bashi daga wani kamfani a Kano, ya raba wa masuntan Guri, in kifi ya samu su biya shi, shi ma ya biya. A shekarar nan fadama ta tsattsage, jiragen ruwa suka kwanta a kan yashi kamar shanun da suka gaji. Masunta suka dawo masa da zare ko kwancewa ba su yi ba. Ya loda dila bakwai a motar kamfanin, direba ya ba shi hannu ya ce ya karɓa. Babu takarda. Dattawa uku sun gani, a wurin Baba kuwa magana ta ƙare.

Kamfani ya ce bai ga dila ko ɗaya ba. Masinja ya kawo sammaci daga babbar kotun Kano, da Turanci. Lokacin ina gida hutu daga kwalejin horon malamai, ina yini a gindin tsamiya ina rubuta waƙoƙi a kan ruwan da bai zo ba. Taku goma ne tsakanina da turakarsa. Amma ina uba zai miƙa wa 'yar fari takardar bashinsa? Ya tambayi masinja ranar zama kawai, ya ninke ta ya sa a gafaka.

Ana jibi shari'a, da hantsi, kakata ta zaro ta ta jefo mini a cinya.

"Ke 'yar boko, ajiye waƙar nan. Ubanki ya sayar da bijimi ya kai ki makaranta, yau bijimin zai yi magana."

"Tsohuwa, sata kika fara da tsufanki?"

"Karanta, kafin mai gafakar ya dawo."

Na fara da dariya, ban ƙare da ita ba. Takardar ta ce irin ƙarar nan ce ta gaggawa. Wanda yake da ja, sai ya rubuta hujjarsa da rantsuwa ya kai wa magatakardar kotu kwana biyar kafin zama. In bai kai ba, za a yanke hukunci ba tare da an saurare shi ba. Takardar kuwa ta kwana goma sha shida a gidanmu.

Da Baba ya dawo kakata ta faɗa masa, ina bayan zana ina ji.

"Inna, ki gaya mata alƙali da kunne yake shari'a. Zan je in tsaya, in an ce rantsuwa in rantse."

Ya sa rigarsa mai aska biyu, ya biya wa dattawan nan uku kuɗin jirgin ƙasa zuwa Kano. Ɗaya daga cikinsu ne ya ba mu labari. Ya ce lauyan kamfani ya tashi ya yi magana kaɗan, alƙali ya duba takardu, ya yi rubutu. Baba ya miƙe ya yi sallama, tafinta ya ce, "Malam, zauna, an gama." Dattijon ya ce goron da shi ya jefa a baki a ƙofar kotu ko ɗacinsa bai fita ba. An yanke Baba ya biya kamfani. An ce lauya zai iya neman a sake buɗe ƙarar, sai dai abin da lauyan ya nema babu shi a gidanmu.

Ranar gwanjo ma'aikatan kotu suka fito da kayan rumfar Baba rana, har da sikeli da tabarmar da yake zama. Mutanen unguwa suka taru, amma babu wanda ya taya. Kowa ya sunkuyar da kai, domin ba a sayen kayan maƙwabci yana tsaye. Sun ɗauka mutunta shi suke yi. Wani baƙo da ya zo cin kasuwa ya kwashe komai a kuɗin da bai kai rabin darajar kayan ba.

Babban ma'aikacin kotun ya rufe littafinsa, ya ce da sauran bashi. Sannan ya tambaya cikin ladabi wace hanya ake bi zuwa Birniwa, inda aka ce muna da shanu a hannun dangi. Baba ya ɗaga hannu ya nuna masa.