Ranar da Inna Ta Ba da Shaida

Shekarar da soja suka koma bariki, kowa a Katsina ya zama lauya. Mai shayi ma sai ya gaya maka yanzu mulkin farar hula ake, ko gwamna ne ya taka ka, kotu za ka kai shi. Ana cikin wannan zumuɗi aka yi wa maigidana, akawu a wata ma'aikata, canjin wurin aiki zuwa wani ƙauye can bakin iyaka, inda mota ba ta shiga sai ranar kasuwa.

Damuwarsa ɗaya ce: Inna, mahaifiyarsa, da muke zaune tare a Ƙofar Marusa. Gwiwoyinta sun ƙi, idonta ya fara hazo. Shi ke kai ta asibiti a bayan babur, shi ke tsare ta sai ta haɗiye magani. Abokan hirarsa na ƙofar masallaci suka yi ta zuga shi har ya ɗauki lauya, wani saurayi da ko a tsakiyar bazara ba ya cire kwat. Lauya ya ce ai wannan shari'a kamar an gama ta. Canjin zai jefa tsohuwa cikin wahala, a kawo ta gaban alƙali ta faɗa da bakinta, shi ke nan.

Dukkanmu, har ni mai ganin kaina da wayo, ba wanda ya tuna maigidana ɗan fari ne. Tun da aka kawo ni gidan ban taɓa jin Inna ta kama sunansa ba. In za ta yi masa magana, ni take kallo ta ce a gaya wa wancan cewa gishiri ya ƙare, alhali yana zaune kusa da ita. Mun saba har mun daina gani.

Ranar shari'a Inna ta sha ado kamar za ta biki. A ƙofar kotu ta ga jama'a, ta miƙo mini sandarta, ta shiga tana takawa ɗaɗɗaya, abin da rabona da gani tun ina amarya.

Lauyanmu ya nemi ta faɗi sunan ɗanta. Inna ta ɗaga kai tana kallon fanka. Ya ce to ta nuna shi. Ta turo haɓa wajen da wani ɗan sanda ke tsaye. Gumi ya fara keto wa lauya, ya sassauta murya.

"Hajiya, in aka ɗauke shi daga garin nan, wa zai kula da ke?"

"Allah."

"Shi fa, ba ya yi miki komai?"

"Wanga? Mi shika yi mani ban da cika gida da ƙarar babur? Shi tahi aikinshi."

Lauyan gwamnati ya miƙe ya ce ba shi da tambaya, sai addu'ar Allah ya ja kwanan Hajiya. Alƙali dattijo ne, ya san kunyar ɗan fari sarai, na ga yana cizon leɓe. Amma ya ce abin da kunnensa ya ji shi zai rubuta. Ya kori ƙara.

Muna fita gwiwoyin suka dawo da halinsu, sai ɗaukarta maigidana ya yi zuwa tasi. Ni kuwa raina ya ɓaci ƙwarai. Kwana da kwanaki ina ajiye mata tuwo ba tare da na zauna ba, shi kuma yana bin maƙwabta gida gida yana roƙon su riƙa leƙa ta. Tausayinsa ya fi komai damuna.

Da safiyar tafiya, an gama lodin kaya, na shiga ɗakinta sallama na tarar ba kowa, ko tabarma babu. A gaban mota na same ta, kusa da direba, ƙullin kayanta a cinya. Maigidana ya matso bakin tagar motar. Ko kallonsa ba ta yi ba, ni ta harara.

"Ke nika bi," ta ce. "Har yau ba ki iya miya ba. In na bar ki, kashe ɗan mutane za ki yi da yunwa."