Sunan Baba Mai Gurmi a Kaset

A shekarun da Libiya ta buɗe wa baƙar fata ƙofa, ina aikin gini a Sabha, ina zaune a unguwar Tayuri. Maƙwabcinmu wani mai kyamara ne, mai ɗaukar biki, ɗan ƙarya na bugawa a jarida. Ko a cikin ɗaki baƙin tabarau ba ya barin fuskarsa. Ya sayo kwali guda na tsofaffin finafinan Sifaniyanci, baƙi da fari, duk Juma'a bayan masallaci sai ya sa mana, yana ta zuba bayani kamar da shi aka yi su. Wallahi ko kalma ɗaya ba ya ji.

Ni farkon fim ne ke burge ni. Kafin a ga fuskar kowa sai an rubuta sunan wanda ya tsara labarin, sannan na wanda ya yi kiɗan, kowanne shi kaɗai a allo, da fassarar Larabci a ƙasa. Nakan karanta wa Baba mai gurmi, wani dattijon Damagaram da ke ban ruwa a lambunan Samnu, wani ƙauye kusa da Sabha. Ran farko ya riƙe baki ya ce, "Kana nufin har makaɗi ana rubutawa? Ikon Allah!" Shi kuwa gogan sai ya tura kaset gaba, wai ɓata lokaci ne.

Da ya ce zai yi nasa fim a kan 'yan ci-rani, ni na rubuta masa labarin. Baba ya yi Juma'a bakwai yana zuwa daga Samnu a bayan motar kayan lambu, yana kaɗa gurmi har yatsunsa suka tsage. Abu ɗaya ya roƙa. 'Ya'yansa a gida kunyar gurminsa suke ji, suna cewa roƙo ne, shi kuma yana so su ga sunansa a rubuce kamar na mutanen nan.

Ranar da aka gama muka taru muka sa. Labari, mai kyamara. Kiɗa, mai kyamara. Umarni, ɗauka, har da godiya ta musamman, duk shi. Mutumin da ko tafi bai iya yi daidai ba! Kai, na ji kamar in fasa masa tabarau a hanci.

Baba bai iya karatun boko ba. Ya taɓa ni yana murmushi, ya ce, "Ɗana, wanne ne nawa?"

Ina zagin mai kyamara har yau, amma ni ma ragon banza ne. Na ɗora yatsa a kan layin kiɗa na ce, "Ga shi nan, Baba." Ɗan banzan yana ji, ko kunya babu, har da gyaɗa kai.

Baba ya sa aka tsayar da hoton, ya daɗe yana kallo. Da sati ya zagayo ya naɗe kaset ɗin a rawaninsa, na raka shi tashar motocin Agadas zai tafi gida. Yana hawa ya ce mini babban ɗansa malamin makaranta ne, shi zai karanta wa jama'a.