Rawar Inna a tele

A Vaulx-en-Velin, unguwarmu a gefen birnin Lyon, ba mu da murhu, sai ƙarfen ɗumama ɗaki. Nan Inna, kakata ta wajen uba, take jingina bayan magariba, ni da ƙannena mu kewaye ta muna ɓarar gyaɗa. Ni ce sarkin katse zance, har takan ce bakina ya riga haƙorana fitowa.

Akwai labarin da ta fi so. Wata yarinya ce a Damagaram wadda ƙafarta ba ta jin kiɗa ta zauna. Aurenta ya mutu, sai ta bar ɗanta wurin uwarta, ta bi 'yan rawa zuwa Paris. Can aka riƙa sa ta a fim da tele, kullum 'yar aiki, riƙe da faranti.

"Oui, Madame, wato 'to, uwargida', shi ke nan maganarta," in ji Inna. "Amma ran da suka bar ta ta taka, wallahi har mai ɗaukar hoton sai da ya manta da aikinshi."

"To ɗan fa?" nake tambaya.

"Ya girma," take cewa, sai ta kore mu mu kwanta.

Wata Lahadi aka sa wani tsohon fim marar kala. Ga wata budurwa ta ajiye faranti ta shiga rawa, da tsagar Inna a kumatu, da irin karkata wuyanta. Inna ta miƙe tsaye.

"Kun gane ta?"

Baba ya tashi ya kashe tele. Alhaji ne da ake girmamawa cikin 'yan kasuwar Lyon, kuma shi ne yaron da aka bari.

"Hajiya, ki rufa mani asiri gaban yara," ya ce a hankali.

Ni ta kalla, ni mai bakin nan. Na gane ta sarai, amma na dubi Baba na sunkuyar da kai. Daga ranar sai tatsuniyar Gizo kawai take mana.

Na daɗe ina ɗauka labarin rawa take ba mu. Sai da na haihu na fahimci gafarar ɗanta take nema ta kunnenmu, da kuma mutum ɗaya da zai ce ta iya. Har yau abin yana cina. Ba ta samu ko ɗaya ba, alhali na biyun a bakina yake.