Ranar da Na Ce Ban San Baba Tankari Ba

Ni ɗan Gaya ne, kuma ban taɓa iya kaɗa ko gwangwani ba. Baki Allah ya ba ni. A zamanin Nasara, kafin a yi gada a kan Kwara, ni ke riƙe da harkar Baba Tankari mai goge. Shi nasa ya ja izga ya yi waƙa. Ni ke shiga gaba in daidaita da masu biki, in sa rana, in nemi masauki da motar kamyon da za ta kai mu. Tun ina matashi ya ɗauke ni, a akushi ɗaya muke ci.

A sana'armu, idan ka karɓi goron gayyata ka ɗaure makaɗi, dole ya je. Wata rana na karɓi goron mutanen garin Bana, sai ga mutanen Malanbil, can ƙetaren ruwa a Dahome, su ma ranar suke so. Da na ce musu an riga su, da yau ba ni da labarin da zan ba ku. Amma goronsu ya fi kauri, na miƙa hannu.

Sai dabara ta zo mini. Mutanen ƙetare sunan Baba suka sani, ba su taɓa ganin fuskarsa ba. Akwai wani Gado a Zabori, ɗan goge mai kwaikwayon waƙoƙin Baba. Na saya masa riga, na naɗa masa rawani, na ce wa Baba zazzaɓi ya kama ni ya tafi Bana ban da ni, na haye da Gado. Aka yi rawa, aka yi masa kari da kuɗi, babu wanda ya gane. Na ce daga wannan shi ke nan. Sai da muka yi shekara biyu muna yi.

Ranar da abin ya ƙare, muna Malanbil ni da Gado. Ashe Baba ya haye gaida wata ƙanwarsa da ke aure can. Ya zauna bakin kasuwa ya ɗan taɓa gogensa, aka tambayi sunansa ya faɗa. Mutane suka ce ƙarya yake, sun san Tankari, yana ma cikin gari. Aka aiko aka kira ni.

Wani mahauci ya ce, "Kai ka kawo muna Tankari. Wanga tsoho fa, wane ne?"

Baba ya ɗago ya yi murmushi. Ya ce, "Yawwa, ga ɗana nan. Gaya musu."

Na dubi taron, na dubi sandunan da ke hannunsu. Na ce, "Ban san shi ba."

Suka fasa gogen, suka rufe shi da duka. Ya kare kansa da hannun hagu, wanda yake taɓa tsirkiya da shi, aka karya masa yatsu uku. Wani mai jirgin fito ɗan Gaya ne ya kutsa ya shaide shi. Gado ya gudu. Ni kuwa ina sauka gaɓar Gaya gardi, dogaran Nasara, suka kama ni, Kwamandansu ya yanke mini shekara uku a kason Dosso. Na fasa dutsen hanya har tafina ya mutu, amma ba shi ya dame ni ba. Murmushin nan na Baba ne ya hana ni sakat.

Da aka sake ni, gidan Baba na fara zuwa. Na durƙusa a gabansa. Ya daɗe yana dubana, sannan ya ce, "Na yahe maka tun tuni. Tashi." Aka kawo fura. Ya kai hannu zai ɗaga ƙwaryar, yatsun suka ƙi lanƙwasuwa. Ya ce, "Ɗan kama mini, ɗana." Na riƙe masa ya sha, ina hawaye. Bai sake kaɗa goge ba har ya rasu.

Ku samari masu bin mawaƙa kuna riƙe musu harka, ku ji ni. Sunan mutumin da ya amince da ku amana ce, kada ku sayar ko sau ɗaya, domin ƙaryar farko ita za ta tilasta muku ta ƙarshe. Na tuba ga Allah, Baba ma ya yafe mini. Amma yafiyar ba ta miƙe masa yatsu ba.